Yashi Ma Falke Ne: Yadda Teku Ya Ci Gaɓa Daga Keta Zuwa Legas



Idan ka taɓa bin hanyar bakin teku, wadda ta taso daga Legas ta ratsa Seme da Kwatano da Hilakonji da Lome har Aflao, ko a saman kamiyon albasa ko a rakiyar tirelar shanu, to akwai abin da wataƙila idonka ya gani ba ka samu wanda za ka tambaya ba. Gabas da tashar jiragen ruwa ta Lome, wajejen Baguida zuwa Agbodrafo, za ka hango ɓaraguzan kwalta da rijiyoyin siminti tsaye cikin ruwa, igiya tana dukansu. Rijiyar nan a tsakar gidan wani aka haƙa ta. Kwaltar kuwa babbar hanya ce ta ƙasa da ƙasa. Teku ya cinye ta, aka ja baya aka shimfiɗa wata, ita ma ya cinye. Wadda kake bi yanzu ita ce ta uku.

Mutane sukan ce ai teku ne ya cika. Da gaskiya a ciki, domin ruwan tekun duniya yana ƙaruwa kaɗan-kaɗan saboda ɗumamar yanayi. Amma a wannan gaɓa babban dalilin ya fi kusa da sana'arka fiye da yadda kake zato. Ayari ne aka tare a hanya, na gaba suka kwana da yunwa.

Bari in yi maka bayanin ayarin. Kogin Volta yana tara ruwansa daga ƙasashe shida: Burkina Faso da Mali da Kodebuwa da Benin da Togo da Ghana. Duk damina, abin da ruwa ya kwaso na yashi da laka daga gonaki da burtali da kwazazzabai na can arewa, kogin yakan ɗauko shi ya sauke a bakin teku kusa da garin Ada. Igiyar teku kuwa a wannan yanki a karkace take dukan gaɓa, daga kudu maso yamma take zuwa. Kowace igiya sai ta tura ƙwayar yashi gabas kaɗan, ta janye, wata ta zo ta ƙara tura ta. Haka yashin ke tafiya dare da rana, daga Ghana ya shiga Togo, ya shiga Benin, ya nufi Najeriya, ba fasfo ba takardar duwan. Masana sun ƙiyasta cewa abin da ke wucewa ta gaban Lome a shekara ya haura mita miliyan ɗaya a ma'aunin tsawo da faɗi da zurfi. In ka ce tifa guda tana ɗaukar goma, ka ga tifa dubu ɗari ke nan da ɗoriya.

Muddin abin da ya tashi daga gabanka daidai yake da abin da ya iso daga yamma, gaɓarka tana nan inda take. Ranar da aka tare na yamma, igiya ba ta fasa aikinta ba, sai ta kwashi wanda ke ƙarƙashin gidanka ta yi gaba da shi.

Wannan yashi shi ya gina siririn tudun da ya raba teku da tafkunan da ke bayansa. A bayan tudun akwai fadamu da dausayi da tafkunan ruwan gishiri-gishiri, ana kamun kifi, ana kwasar gishiri da rani, ana kiwo a gefe. Mafi girmansu a Ghana shi ne tafkin Keta. Garin Keta kansa a kan tudun yake zaune, teku a gabansa, tafki a bayansa, kuma a wasu wuraren mai ƙarfin hannu zai iya jifa daga wannan ruwa zuwa wancan.

A Keta zan daɗe, domin tarihinsa ya haɗa da namu.

Garin na mutanen Anlo ne, wani reshe na ƙabilar Ewe. A 1784 Turawan Denmak suka gina wata ganuwa a can mai suna Prinzenstein, inda aka riƙa tsare bayi kafin a ɗora su a jirgi. A 1850 Denmak ta sayar wa Ingila dukkan ganuwoyinta na wannan gaɓa. Ingila ba ta kama Keta da hannu biyu ba sai a 1874, bayan yaƙin da Kyaftin Glover ya jagoranta a gefen Volta. Sojojin da Glover ya dogara da su kuwa su ne rundunar Hausawa da ya fara tarawa a Legas a 1863. Bayan yaƙin aka zaunar da dakarun Hausawa a ganuwar Keta, aikinsu gadin gaɓa da tabbatar da cewa an biya kuɗin fito a kan giya da taba da albarushi.

To kai ɗan kasuwar iyaka ka san abin da ke biyo bayan tsananin kwastan. 'Yan kasuwa suka matsa gabas zuwa Denu da Aflao, inda hannun Ingila bai kai ba, suna sauke kaya a can suna shigo da su ta bayan fage. A ƙarshen 1879 Ingila ta haɗiye Denu da Aflao. Sai suka ƙara matsawa 'yan kilomitoci, suka kafa rumfuna a wani bakin ruwa da babu kowa sai ƙauyukan masunta. Wurin nan shi ne Lome. Jamus ta kafa tutarta a yankin a 1884, ta mai da Lome hedkwata a 1897, ta gina mata gadar sauke kaya a 1904. Fataken Hausawa suna cikin waɗanda suka fara sauka a sabon garin, suka kafa zango, kuma zangon nan ya zauna a tsakiyar birni har 1977 da hukuma ta tashe shi zuwa arewacin gari. Iyakar Aflao da kake shan layi a kanta yau, gudun kuɗin fito ne ya haife ta.

Ta wajen kogi ma akwai zumunci. Gishirin da ake kwasa a tafkunan bakin Volta, musamman na Songor kusa da Ada, a kwalekwale ake hawa da shi kogi zuwa Kete-Karachi da Yeji, daga nan ya shiga hannun fataken da ke safarar goro tsakanin Gwanja da ƙasar Hausa. Bayan yaƙin basasar Salaga na 1892, Hausawa da yawa suka koma Kete-Karachi, ciki har da shahararren malamin nan haifaffen Kano, Alhaji Umaru, wanda ya zauna a can har rasuwarsa a 1934. Ka riƙe sunan wannan gari, za mu dawo kansa.

Gaskiyar da ya kamata a faɗa ita ce teku ya fara cin Keta tun kafin a gina kowace madatsa. Tun wajen 1907 aka fara rubuta ƙorafi cewa ruwa yana matsowa, yana rushe shagunan kamfanonin Turawa da ke bakin gaɓa. Wurin da garin yake, lanƙwasar gaɓar ta sa yashin da ke tashi ya fi wanda ke isowa. Gwamnatin mulkin mallaka ta aiko injiniyoyi suka auna, suka buga lissafi, suka ga kuɗin gina kariya mai ɗorewa ya fi abin da take son kashewa a kan garin, sai aka ba mutane shawarar su ja da baya. Ina za su ja, alhali tafki ne a bayansu? Jama'a suka yi ta kafa itatuwa da kututturan kwakwa a bakin ruwa da kuɗin aljihunsu, igiya tana kwashewa. Bayan samun 'yancin kai, wajen 1960, gwamnatin Kwame Nkrumah ta kafa katangar faranta na ƙarfe. Ruwan gishiri ya cinye ƙarfen cikin 'yan shekaru.

Ana cikin haka aka zo da maganar Akosombo. An fara ginin madatsar a 1961, aka gama a 1965, aka buɗe ta a watan Janairun 1966. Manufarta wutar lantarki ce, musamman don masana'antar narka sanholo da ke Tema, kuma daga 1972 har Togo da Benin suna shan wutarta. Ba wanda zai ce Ghana ba ta amfana ba. Amma madatsa ruwa take saki, yashi kuwa sai ya kwanta a gindin tafki. Masu bincike sun ƙiyasta cewa kusan kashi 90 cikin ɗari na abin da kogin ke kai wa teku a da, yanzu a bayan madatsar yake tsayawa. A 1982 aka ƙara wata a Kpong, ƙasa da ita kaɗan.

Dubi yadda gini ɗaya ya taɓa gari biyu da gishiri ya haɗa. A sama, tafkin Volta ya malale fili mai faɗin murabba'in kilomita kusan 8,500, aka tashi mutum wajen 80,000 aka zaunar da su a sababbin garuruwa 52, kuma tsohon Kete-Karachi, da kasuwarsa da zangonsa, ya nutse. A ƙasa, Keta ya rasa ɗan yashin da ke rage masa zafi. Cin da teku ke yi, wanda a da ake aunawa da kamar mita 4 a shekara, ya kai mita 8 a wasu wurare. Ka auna mita 8 a tsakar gidanka ka gani. Ɗaki biyu ke nan duk shekara.

Masifa kuma ba ta zo wa garin ita kaɗai ba. A 1962 aka buɗe tashar Tema, aka rufe ta Keta, jirage suka daina tsayawa. A 1969 gwamnatin Busia ta fitar da dokar korar baƙi, wadda dattawan zango daga Kumasi har Sakkwato da Dosso ba su manta da ita ba, kasuwar Keta ta rasa da yawa daga 'yan kasuwarta na Najeriya da Nijar da Togo. A 1980 igiya ta rushe babban sashe na ganuwar Prinzenstein, wadda ta yi kusan shekara ɗari biyu a tsaye. Tituna da makarantu da majami'u da maƙabartu suka bi. Fiye da rabin tsohon garin yanzu yana ƙarƙashin ruwa, kuma masunta sukan nuna maka wuri can cikin teku su ce nan ne gidan kakanmu.

Kai makiyayi kana iya cewa wannan ai labarin masunta ne. Saurara ka ji abin da ya samu bayan tudun.

Kafin madatsa, Volta yakan cika duk shekara wajen watan Satumba da Oktoba, ya malala cikin ƙoramu da fadamu har ya kai tafkin Keta. Wannan ambaliya ita ce ran wurin. Tana wanke gishirin da ya taru da rani, tana zuba sabuwar laka, kifi yana bin ta ya hayayyafa a cikin ciyawa. In ruwa ya janye, manomi ya shuka a danshi, shanun yankin Tongu, wajejen Sogakope da Adidome, su sauka su ci ɗanyar ciyawa har rani ya yi nisa. Mata kuma suna nutso a kogi suna tsintar ƙumba suna sayarwa. Da aka daidaita kogin ya zama yana gudu bai ɗaya rani da damina, ambaliyar ta ɗauke. Ƙoramu suka toshe da ciyayi, gonakin fadama suka yi gishiri, sana'ar ƙumba ta durƙushe a yawancin wuraren da aka san ta, cutar tsargiya ta yaɗu saboda dodon koɗin da ke ɗauke da ita ya samu ruwa mai kwanciya. Dubban masuntan Tongu suka kwashe komatsansu suka hau sama bakin sabon tafki.

Wanda ya san fadamar Haɗeja da Nguru kafin madatsar Tiga ta 1974 da ta Challawa ta 1992, ya kuma ga yadda kachalla ta toshe hanyoyin ruwa bayansu, ba ya buƙatar a yi masa dogon bayani. Ciwon ɗaya ne. Bambancin kawai shi ne na Volta yana da teku a gaba yana jira.

Waɗanda suka rage a bakin kogin, da noma ya ƙi kuma kifi ya ragu, sai suka juya kan abin da ya saura, wato itacen mangurof. Wanda bai taɓa zuwa kudu ba bai san shi ba: itace ne da ke tsirowa cikin taɓo inda ruwan daɗi ya gauraya da na gishiri, saiwoyinsa a waje kamar ƙafafun gizo. Saiwoyin nan suna riƙe laka, suna karya ƙarfin ruwa, ƙananan kifi da jatan lande da ƙaguwa suna girma a tsakaninsu. Itacensa kuma yana ci da wuta mai kyau, masu ƙyafe kifi sun fi son sa a kan kowane, domin yana ba kifi launi da ƙamshi. Garin Anyanui ya zama babbar kasuwar itacen, kwalekwale suna saukewa, motoci suna ɗauka. Ka ga an shiga wani zagaye: rashin ambaliya ya sa ana sare itace, sarar itace ta sa kifi ya ƙara raguwa, ragin kifi ya sa ana ƙara sara.

Akwai ma wata alaƙa tsakaninka da tudun nan da ba kowa ya sani ba. Manoman Anloga, yamma da Keta, sun shahara da noman ƙananan albasa a kan yashi tsantsa. Yashi ba ya riƙe abinci, don haka gonar tana rayuwa ne da taki, kuma kashin shanu da ake sayowa daga garken da ke hayin tafki yana cikin abin da suke zubawa. Ban ruwa kuma daga 'yan rijiyoyi marasa zurfi ne, domin akwai siririn ruwan daɗi da ke kwance a kan na gishiri a ƙarƙashin tudun. Duk lokacin da teku ya tsallako ko tudun ya ƙara sirancewa, gishiri yakan shiga rijiyoyin. Rijiyar da ta kashe albasa, saniya ma ba za ta sha ba.

Mu matsa gabas, inda abin ya shafi aljihun ɗan kasuwa kai tsaye. Jirgin ruwa babba yana son wuri mai zurfi da kwanciyar ruwa, don haka kowace tasha sai an gina mata doguwar katangar duwatsu cikin teku. Katangar nan kuwa shinge ce a kan hanyar ayarin yashi. An buɗe tashar Kwatano a 1965, ta Lome a 1968. A yammacin kowacce yashi ya taru har aka samu sabon fili mai faɗi, wanda ya sa bakin ruwan birnin Lome ya yi nisa da titi. A gabas kuwa teku ya shiga ci, a wasu shekaru fiye da mita 10. Abin da ya kwashe hanyar Lome zuwa Aneho ke nan har sau biyu, ya kuma rushe gidaje a unguwannin Akpakpa na Kwatano. A 1987 aka gama madatsar Nangbeto a kan kogin Mono, ta rage wani yashin. Legas ta riga kowa ɗanɗanawa: katangun bakin tasharta an fara su tun 1908, kuma su suka sa Bar Beach ya yi ta zaizayewa har ruwa ya riƙa hawa titin Ahmadu Bello.

Shinkafa da man girki da babura da motocin da ake kira tokumbo, waɗanda ke hawa zuwa Gaya da Maraɗi da Birnin Ƙonni, ta waɗannan tashoshi suke shigowa. Tun da iyakar Malanbil da Gaya ta rufe a 2023, kaya masu yawa na Nijar suka koma bi ta Lome. Ba ina cewa laifinka ne ba, kuma ba wanda zai ce a rushe tasha. Amma yana da kyau mutum ya san cewa sauƙin da yake samu a kan buhu, akwai wani a Baguida da ya biya cikonsa da ɗakin kwanansa. Bankin Duniya ya ƙiyasta cewa a shekarar 2017 kaɗai, lalacewar gaɓar teku ta ci wa Benin da Togo da Kodebuwa da Senegal dala biliyan 3.8.

Sai kuma masu tifa. Lome da Kwatano da yashin bakin teku aka gina su shekara da shekaru. Benin ta haramta ɗibarsa a 2008, Togo a 2011. Dokar ta rage abin, ko da yake ka san yadda doka take da dare.

To me aka yi na gyara? A Keta, bayan kusan shekara casa'in ana alkawari, an yi babban aiki daga ƙarshen 1999 zuwa 2004, da bashin Amurka na kimanin dala miliyan 84, wani kamfanin Amurka mai suna Great Lakes Dredge and Dock ya gudanar. An jera manyan duwatsu a gaban ganuwa. An shimfiɗa harsunan dutse guda shida daga gaɓa zuwa cikin ruwa kamar haƙoran mataji, don kowanne ya riƙe yashin da ya zo wucewa. An yaso yashi daga gindin tafki aka cike gaɓa, aka kuma yi sabon fili don waɗanda suka rasa gidaje. An gina hanya mai tsawon kilomita 8 da 'yan kai, da ƙofar sakin ruwan tafki in ya cika. Aikin ya yi amfani, a faɗi gaskiya. Abin da ya saura na Keta yana nan, har bakin ruwan ya faɗaɗa a wasu wurare.

Sai dai haƙorin dutse ba ya haifar yashi, na maƙwabci yake riƙewa. Da aka gama aikin, cin ya koma gabas da haƙori na ƙarshe, ya faɗa wa Blekusu. Aka zo aka yi wa Blekusu nata haƙoran daga 2015, sai ya matsa Agavedzi da Salakope da Amutinu, ƙauyukan da ke kan hanyar zuwa Aflao. A watan Nuwamban 2021 igiya ta tsallako da dare ta raba dubban mutane da gidajensu a wannan yanki. Daga nan zuwa iyakar Togo tafiyar 'yan mintoci ce a mota. Wanda ya taɓa ganin yadda mai gona a sama yake tare ƙorama ya bar na ƙasa da busasshen rafi, ya san irin maganar da ke tashi, balle a ce tsakanin ƙasa da ƙasa ne.

Wannan ne ya sa aikin da Togo da Benin suka yi tare ya fi burge ni a kan na Keta, ko da yake bai kai shi suna ba. A ƙarƙashin shirin kula da gaɓar Afirka ta Yamma da Bankin Duniya ya fara ba kuɗinsa a 2018, ƙasashen biyu suka ba da kwangila ɗaya ga kamfani ɗaya, Boskalis na ƙasar Holan, don gaɓar da ta tashi daga Agbodrafo a Togo zuwa Grand-Popo a Benin. An yi aikin a 2022 da 2023. An sa haƙoran dutse, amma an san cewa za su hana Benin yashi, don haka a ɓangaren Benin aka yaso yashi daga can cikin teku, fiye da mita miliyan 6 a wancan ma'auni, aka jibge shi wuri ɗaya. Dabarar ita ce a bar igiya ta yi dakonsa da kanta, ta rarraba shi gabas shekara bayan shekara. Wato an sake ɗora wa ayarin kaya. Ranar da jibgin ya ƙare sai an sake zubawa, kuma yasar yashi da kuɗin waje ake biyanta.

Gyaran fadamun bayan tudu ya fi wannan arha, ya kuma fi shi wuya, domin da mutane ake yi. A 1992 Ghana ta sa tafkin Keta da na Songor cikin jerin dausayin duniya da yarjejeniyar Ramsar ta 1971 ke karewa, jerin da tafkin Nguru ya shiga a 2000. Suna a takarda bai hana gatari ba. Abin da ya fi aiki shi ne wanda mutanen Anyanui da kewaye suka daɗe suna yi da kansu: mutum ya karɓi hayar fili a hannun dangin da ke da shi, ya dasa mangurof, ya jira shekara goma ko fiye, ya sare, ya sake dasawa. Itacen da yake da mai shi ana renonsa. Manoman Maraɗi da Damagaram da suka mayar da gawo gonakinsu tun daga shekarun 1980, bayan an sakar musu ikon itacen da suka rena, sun san wannan. Inda ƙungiya ta zo da mota ta dasa dubbai a filin da ba a san mai shi ba, aka ɗauki hoto aka tafi, sau da yawa in ka koma ba ka tarar da komai. Wani lokaci ma dashen ba shi ne maganin ba. In ƙoramar da ke kawo ruwa ta toshe, duk abin da aka dasa mutuwa zai yi, in kuwa aka yashe ta, itacen yakan tsiro da kansa.

A nan makiyayi yake da bakin magana, kuma ya kamata ya yi ta tun kafin a kafa allo. Fadamar da aka ce za a farfaɗo da ita, sau da yawa ita ce makiyayar rani ko mashayar wani. In an zana taswira ba ya wurin, gobe zai tarar da shinge a kan hanyarsa, shanu su taka dashe, a kira jandarma.

Babbar tambayar ita ce ko za a iya mayar wa kogi ambaliyarsa. An gwada a wasu wurare kuma ya yi. A arewacin Kamaru, madatsar Maga ta 1979 ta busar da fadamar Logon da Fulani ke kira yayre, sai a 1994 aka buɗe wata ƙorama da aka toshe, ruwa ya sake malala, ciyawa mai ɗorewa ta fara dawowa, garkuna suka biyo ta. A bakin kogin Senegal ta ɓangaren Muritaniya, madatsar Diama ta 1986 ta mai da dausayin Diawling fako mai gishiri. Daga 1994 aka riƙa buɗe ƙofofi ana sakin ruwa a kan lokaci, bayan an zauna da masunta da makiyaya da matan da ke saƙa tabarma an ji watan da kowa yake son ruwa ya zo da zurfin da yake so. Kifi da ciyawa da tsuntsaye suka dawo.

A Volta abin ya fi nauyi, domin duk ruwan da aka saki ba ta cikin injin ba, wutar lantarki ce aka zubar, kuma cikin shekara sittin mutane sun gina gidaje a inda ruwa yake kwanciya a da. An ga haka a watan Satumba da Oktoban 2023, da tafkin ya cika har hukumar madatsar ta buɗe ƙofofi dole. Ruwa ya shanye garin Mepe da maƙwabtansa, mutum fiye da 20,000 suka bar gidajensu, gonaki da dabbobi suka salwanta. Ƙasashe shidan da ke da rabo a kogin suna da hukuma ta haɗin gwiwa mai mazauni a Wagadugu.

Yashin da aka jibge a gefen Grand-Popo kuwa ya riga ya kama hanya. Zai wuce bakin kogin Mono, ya wuce Wida, in ya isa Kwatano ya tarar da katangar tasha a gabansa, mutanen Akpakpa kuma suna ɗaya gefen.